Ka Ci, Kabiru

Tafiyar nan ba ta yi daɗi ba. Kwana goma sha shida na yi ban kwanta bisa katifata ba, ƙafafuna suka kumbura har takalmi ya ƙi shiga, na dawo da ciwon baya da tarin da har yanzu bai sake ni ba. Duk wanda ya ce maku yawon buɗe ido na je, ku ce mashi ni Lawal na ce ƙarya yake.

Tunda na dawo ba ni da sakat. In na zauna majalisar dara a tambaye ni yaya Gana, in na je kasuwar Yankara auna masara a tambaye ni ko an yi naɗin. Na gaji da maimaitawa. Shi ya sa na sayo littafin rubutu zan faɗa sau ɗaya, mai son ji ya karanta. Bokona aji huɗu ne na firamare, wanda ya ga kuskure ya gyara a ransa.

Kabiru ƙanena ne, uwa ɗaya uba ɗaya, na girme shi da shekara goma sha biyar. Malamin lissafi ne a wata makaranta can bayan Ruwan Godiya. Kullum bisa babur yake zuwa daga Faskari, kuma ba sai na gaya maku halin wannan hanya ba. Sau biyu yana yar da babur ya faɗa gonar dawa ya kwanta har 'yan bindiga su wuce. Tun yana sakandare a Ƙanƙara wani ɗan bautar ƙasa ya koya mashi darar Turawa, wadda suke kira ces, daga nan abin ya kama shi. Shekara ashirin ke nan. Ya je gasa Kaduna, ya je Abuja, ya je Legas, ba abin da yake dawowa da shi sai rama.

Bana wata makarantar masu hali a Kaduna ta ce za ta ɗauke shi ya koyar da wasan, da albashi da gida, amma sai in yana da abin da suke kira taitul. Akwai gasar ƙasashen yammacin Afirka da za a yi a Ankara, babban birnin Gana. Wasa tara za a buga, wanda ya haɗa maki shida ya zama masta. Ci maki ɗaya ne, canjaras rabi. Ma'ana dai, maki shidan nan su ne za su raba Kabiru da hanyar Ruwan Godiya.

Da ya zo gaya wa mahaifiyarmu, Hajiya, sai ta ce ai Ƙanƙara ba nisa, ya je ya dawo kafin la'asar. Da ta gane Ankara ce, kuma sai an ƙetare ƙasa biyu kafin a kai, ta ce ba inda zai je shi kaɗai. Kabiru yana da gyambon ciki, kuma in ya zauna gaban allon nan mantawa yake da akwai abinci a duniya. Ni kuwa na yi shekara goma ina bin tirela kai hatsi Legas, saboda haka ni aka ga dama. Ta sa aka yanka kaji shida aka yi dambu, ta cika wani bokitin roba, ta damƙa mani. Ta ce, "Lawal, ni ban san wasansu ba. Aikinka ɗaya ne. Ka tabbata ya ci."

Ni ma ban san wasan ba, sai na tambayi Kabiru mene ne taitul ɗin. Ya ce kamar sarauta ce, in an ba mutum ba a tuɓe shi har ya mutu. Ban ƙara tambaya ba. Ranar kasuwar Ƙanƙara na je na sayo rawani fari mai kyau da babbar riga, na cusa ƙasan jakata ban gaya wa kowa ba. Ba za a naɗa ƙanena a ƙasar wasu da kayan aro ba. Sai dai bakina bai riƙe ba, na ɗan tsegunta a majalisa, abin da ya jawo mani tambayar naɗin ke nan.

Mun bar Faskari da hantsi, bayan motoci sun taru an ji labarin hanya lafiya. Zuwa Funtuwa mu takwas ne cikin motar mutum biyar, bokitin dambu bisa cinyata, wani mai buhun barkono yana ta sa mu atishawa. Daga Kaduna muka hau doguwar bas ta Legas. Kujerata ta lalace, da direba ya taka birki sai ta kife da ni gaba. Kabiru ko a jikinsa. Ya fito da ɗan ƙaramin allo mai maganaɗisu ya ɗora bisa gwiwa, yana wasa da kansa, yana cin kansa, yana jin haushin kansa. Duk inda aka tsaya sai na sa shi ya ci abinci ina kallo, kamar mai jinya.

Daga Legas wata ƙaramar mota muka shiga, mai bi ta Kwatano da Lome. Iyaka uku ce. A kowace sai ka sauka, ka nuna fasfo, ka nuna katin allura, ka bi layi cikin rana, mai canjin kuɗi yana jan rigarka ta nan, mai burodi ta can. Tsakanin iyaka da iyaka kuma ba Turancin da Kabiru ya iya, sai Faransanci, duk muka zama kurame. Amma hanyarsu ba rami, wannan kam na yarda, kuma masu babur duk da hular kwano.

A ɗaya daga cikin iyakokin, ba zan ce wacce ba, aka zazzage mana kaya. Jami'in ya ciro agogon wasan Kabiru, wani akwati mai fuska biyu da maɓalli a sama. Ya danna, lamba ta fara sauka tana ƙirga baya. Ya dubi fasfo ya ga Katsina, ya dubi gemuna, ya ja da baya taku uku ya kira na gaba da shi. Awa biyu muka yi a wani ɗaki mai warin fenti. Sai da Kabiru ya shimfiɗa allo ya jera 'ya'yan ces ya nuna masu yadda ake danna agogon. Ashe babban nasu ya ɗan iya, ya ce sai an buga. Kabiru ya cinye shi cikin minti biyar. Na taka mashi ƙafa, ya gane, wasa na biyu ya bari aka yi canjaras, aka buga mana hatimi.

A wannan zazzagar ce rawani ya faɗo. Kabiru ya ɗaga shi ya ce na wane ne. Na ce na naɗinka. Ya juya baya kafaɗunsa suna rawa. Bai taɓa yi mani dariya a fuska ba, ranar ma bai yi ba, bango ya yi wa. A mota ya gaya mani cewa ba naɗi, ba kiɗa, ba kowa. Haruffa biyu ne za a riƙa rubutawa gaban sunansa, sai wata takarda da za a aiko daga baya. Na ce wato na bar gonata lokacin yankan dawa saboda haruffa biyu. Ya ce haruffan ne makarantar Kaduna take so. Na mayar da rawanina jaka, raina a ɓace har Ankara.

Masaukinmu a unguwar Hausawa yake, da suke kira zango, gidan wani Alhaji da ya ce kakansa fataucin goro ya kawo shi daga ƙasar Katsina. Hausa suke yi, amma ta lalace masu a baki, mace ma "ya zo" suke ce mata. Abinci kuwa, tuwonsu na masara ne da aka bari ya yi tsami da gangan, a naɗe cikin ɓawon masara, a ba ka da soyayyen kifi da wani baƙin yaji mai ƙona harshe. A gida in tuwo ya yi haka kaji ake zuba wa. Wake da shinkafa sun iya, sai dai su ɗora taliya da gari da ƙwai duk a ganye ɗaya. Abin da ya cece mu koko ne da ƙosai, kuma ko su sun san namu ne, kokon Hausa suke ce mashi. Yajin nan na hana Kabiru taɓawa. Koko da safe, farar shinkafa da dambun Hajiya da rana, haka na tsara mashi.

Ɗaki ɗaya aka haɗa mu da wani Bayarabe, Tunde, wanda ya zo gasar daga Legas. Haihuwar Funtuwa ne, babansa mai hoto ne a can, Hausarsa ta fi ta mai masaukinmu. Sa'ana ne, furfura ta cika kansa. Shi yana da haruffan da Kabiru ke nema, yana bin na gaba da su shekara goma sha huɗu. Ya ce hawa huɗu ne, na ce kamar mai unguwa da dagaci da hakimi da sarki, ya ce kusan haka. Na tambaye shi to shi mai unguwar ina ne, mutum nawa ke gaishe shi da safe. Ya ce ba kowa. Aikin banki ya bari saboda ces. Yanzu gida-gida yake bi yana koya wa 'ya'yan masu kuɗi, matarsa ke sayar da atamfa tana riƙe gidan. Kwat ɗaya gare shi, kullum da safe sai ya goge ta. Ya ba ni labarin wani da ya kai hawa na uku ya mutu a ɗakin haya, littattafan ces kawai aka samu ƙarƙashin gadonsa. Yana faɗa yana murmushi kamar labarin wani waliyyi. Na ce a raina waɗannan mutane ba su da lafiya, kuma ƙanena yana cikinsu.

A wani babban otal ake wasan, hawa na biyu, ɗaki mai sanyin na'ura kamar wurin ajiye gawa. Ranar farko na tura ƙofa na yi sallama yadda ake yi. Mutum ya fi arba'in a ciki, ko ɗaya bai amsa ba. Wata mata mai baƙar kwat ta taho da sauri ta ɗora yatsa bisa leɓe, kamar ni ɗanta ne. Ita ce alƙaliyar wasan. Aka karɓe wayata, aka nuna mani wata igiya da aka ɗaura, aka ce 'yan kallo ba su ƙetare ta, ba su magana, ba su nuni.

Ku da kuka san dara, ku auna. Mu ramuka muke tonawa a ƙasa, wannan da tsakuwa, wancan da kara, mutum goma a kanku kowa yana ba da shawara, ana gori, ana tuna wa mutum cin da aka yi wa babansa. In ka jera uku ka ci, sai unguwa ta ji. Su kuwa mutum biyu su gaisa da hannu, su zauna awa huɗu ba wanda ya tambayi wani iyali. Kowa ya tura sai ya danna agogo ya rubuta a takarda kamar ɗan sanda. In ka taɓa ɗa dole shi za ka tura. In an ci mutum ya miƙa hannu ya yi godiya. Ba dariya, ba zagi. Ni ban ga wasa a nan ba, zaman makoki na gani.

Duk da haka na bi doka. Kwana takwas ina tsaye bayan igiya bakina a rufe, ban san wanda ke gaba ba sai na duba fuskar Kabiru in an tashi. Ya ci huɗu, an ci shi biyu, canjaras biyu. Maki biyar. Saura wasa ɗaya, kuma sai ci. Canjaras ba zai yi ba.

Wanda aka haɗa shi da shi wani Kofi ne, injiniya daga Kumasi, shi ma maki biyar, shi ma haruffan yake nema. Na san shi. A kwana na uku ya same mu a barandar otal muna cin abinci, ya ce mani "Baba, sannu da aiki" da irin Hausarsu, ya ce kusa da zango ya tashi. Na ji daɗi na miƙa mashi bokiti. Ya ci dambun Hajiya har sau biyu, ya lashe yatsa, ya ce a gaishe ta. Ku riƙe wannan.

Ranar ƙarshe Kabiru ya tashi cikinsa yana murɗa. Rabin kofin koko ya sha ya ture. Na ce ya ƙara, ya ce in ya ƙara zai dawo da shi. Ƙarfe goma aka fara. Sha biyu ta yi, ɗaya ta yi, azahar ta wuce. Tebura suka yi ta watsewa, Tunde ma ya gama nasa ya zo ya tsaya kusa da ni. Saura su Kabiru da wasu biyu. Teburinsu bai fi taku huɗu daga igiya ba. Ina ganinsa, hannun hagu ya danne ciki, leɓensa ya bushe ya yi fari, zufa a goshi cikin wannan sanyi. Ya fi minti ashirin yana kallon wuri ɗaya bai motsa ba. An yarda ɗan wasa ya ci abu a gefe, na ga wasu da ayaba da biskit. Na ƙulla mashi dambu a leda tun safe, ya manta da ita a hannuna.

Maganar Hajiya kawai nake ji. Na ɗaga ledar yadda zai gani, bai ɗago ba. Na girgiza ta. Bai ɗago ba. Sai na ɗan sunkuya bisa igiya na ce a hankali, "Kabiru, ka ci." Ko gezau. Na ƙara murya kaɗan. "Ka ci mana. Mi kake jira? Ka ci."

Tunde ya damƙe hannuna, amma ya makara. Kofi ya danna agogo ya tsayar da shi, ya ɗaga hannu, alƙaliya ta taho.

Ashe abin da Kabiru ke kallo minti ashirin ɗin nan dokin Kofi ne. Cikin 'ya'yan ces akwai mai kan doki, akwai ƙanana da Kabiru ke ce wa kurata. Dokin Kofi yana tsaye a bakin kurtun Kabiru, kuma duk wasan ya rataya ne a kan ya ci dokin ko kada ya ci, don akwai alamar tarko. Kofi ya gaya wa alƙaliya yana jin Hausa, kuma ya ji da kunnensa, sau uku ɗan kallo ya ce wa abokin wasansa ya ci.

Aka fitar da mu baranda, ni da su biyun da alƙaliya, Tunde yana tafinta. Na buɗe leda na nuna mata. Na ce ga abin da na ce ya ci, ga shi nan, kaji shida ne, uwarsa ta aiko. Tunde ya yi mata bayani cewa kalma ɗaya ce. Ta ce kamar yaya kalma ɗaya. Na ce ya gaya mata mu muna cin tuwo, muna cin kasuwa, muna cin jarrabawa, muna cin zaɓe, muna cin bashi, muna cin amana, kuma ba a taɓa kiran alƙali ya raba mana ba. Na juya ga Kofi na ce, "Kai da ka ci dambun nan har sau biyu, da na ce maka ka ci, dokin wa ka ɗauka?" Ya sunkuyar da kai. Ya ce bai ce na yi da gangan ba, amma kalmar ta shiga kunnen Kabiru, kuma shi ma shekara goma sha ɗaya yake bin wannan abu.

Alƙaliya ta tambaya ko na iya ces. Na ce ko yadda dokin ke tafiya ban sani ba. Ta ce ko ina yin wani wasan allo. A nan ne na ƙarasa ɓata lamarin. Na ce dara kam, daga Faskari har Yankara ba mai zama gabana ya tashi da dariya. Tunde ya taka mani ƙafa, amma Kofi ya riga ya ji, dole aka fassara. Ta rubuta a takardarta.

Hukuncin da ta yanke shi ne, ba ta ga shaidar maguɗi ba, wasa zai ci gaba. Za a ƙara wa Kofi minti biyu a agogo, ni kuma in bar hawan gaba ɗaya. Wani mai gadi ya raka ni har ƙasa kamar ɓarawon takalmi. Amma kafin nan, da Kabiru zai koma ciki, ya karɓi ledar daga hannuna, ya ɗebi kaɗan ya sa a baki a gabansu, ya ce, "Na gode, Yaya." Ya shiga.

Awa ɗaya da rabi na yi zaune bisa dakalin masu gadi. Na yi azahar a nan, na roƙi Allah abin da ban taɓa zaton zan roƙa ba, wato ya ba ƙanena dokin wani Kofi. Sai ga Tunde ya sauko, kwat a kafaɗa. Ya ce canjaras. Biyar da rabi, biyar da rabi. Ba Kabiru, ba Kofi.

Na ce dokin fa. Ya ce Kabiru bai ci ba. Ya koma ya zauna, ya dubi dokin, ya tura wani abu can gefe. A masauki Tunde ya jera wasan ya nuna mani, ko da yake ba ganewa nake ba. Ya ce ba tarko ba ne, Kofi kuskure ya yi. In an ci dokin, turi shida wasa ya ƙare. Ya tambayi Kabiru ko bai gani ba. Kabiru ya ce ya gani, ya gama lissafi ke nan zai miƙa hannu maganata ta fito.

Nan na tashi da faɗa. Na ce alƙaliya da kanta ta wanke ka, mi ya hana ka? Na ce ka tuna hanyar Ruwan Godiya, ka tuna matarka da ɗiyanka uku, ka tuna Hajiya da ba ta iya karin kumallo sai ta ji ka isa makaranta. Ya bari na gama. Ya ce, "Yaya, sarautar nan ba a tuɓe ta har mutum ya mutu. Na gaya maka. In na ci dokin nan, duk gasar da na shiga har in mutu, za a nuna ni a ce ga mastan da yayansa ya ce mashi ya ci." Tunde ya gyaɗa kai kamar an faɗi wata babbar magana. Na ce dukanku mahaukata ne. Har yanzu ban janye ba. Mutanen da ba su amsa sallama, su ne za ka bar aikin Kaduna don kada su yi da kai?

Amma da zan tashi na ga ledar dambun a aljihun rigarsa, ya cinye ta tas. Ban san dalili ba, wannan ya fi komai taɓa ni.

Dawowa kwana uku muka yi. Iyakokin nan dai, layin nan dai, ba wanda ya kula da agogo wannan karon. Kabiru bai fito da ƙaramin allonsa ba ko sau ɗaya. Bai ɗaure mani fuska ba, da ma ya yi da na ji sauƙi. "Yaya, ga ruwa." "Yaya, kawo fasfo." "Yaya, mun shigo Kaduna." Iyakarta ke nan. Shi ya ɗauki jakata, shi ya ba ni kujerar taga. Ni kuma na kasa ce mashi ya ci abinci. In an tsaya sai in sayo in ajiye kusa da shi in kau da kai. Kalmar ta ƙi fita.

Mun shiga Faskari bayan la'asar. Hajiya tana bisa tabarma a tsakar gida da carbi. Ko gaisuwa ba mu gama ba ta dube ni ta ce, "Lawal, ya ci?"

Na ce, "Wanne, Hajiya?"

Ta ce wanne kuma, abin da ta aike ni. Kabiru ya ce ya ci, Yaya bai bar shi da yunwa ba ko rana ɗaya, ga bokitin nan ba komai ciki. Ta ce alhamdu lillahi, ta sa mani albarka mai tsawo. Ina durƙushe ina amsawa, ji nake kamar ana zuba mani garwashi. Maganar Kaduna shi ya gaya mata daga baya. Ta ce Allah ya sa haka ya fi alheri, ta tambaya ko gobe zai koma makaranta. Ya ce eh.

To kun ji. Ba a yi naɗi ba. Wanda ya ƙara tambayata a majalisa, shi da Allah.

Washegari bayan na fito masallaci na ɗauki rawanin da babbar rigar na nufi gidan Kabiru. Babur ɗinsa yana ƙofar gida, ya riga ya ɗaure littattafan 'yan makaranta a baya. Na ba matarsa kayan na ce ta sa kafur ta ajiye ƙasan akwati, ana yin gasar nan duk shekara. Na same shi a zaure bisa tabarma, kwanon koko da ƙosai a gefe, babban allonsa a gaba. Ban iya ces ba, amma na gane jerin. Ga dokin Kofi, ga kurtun a bakinsa.

Na zo da magana a bakina, wadda babba ba ya saba faɗa wa ƙanensa. Na durƙusa na fara, "Kabiru, ni dai..." Bai bari na kai ba. Ya turo kwanon gabana har ya taɓa gefen allon, ya ce, "Yaya, ka ci."

Kwano da allo duk suna gabana. Na dube shi, ya kau da kai wajen bango, kafaɗunsa sun fara rawa. Na miƙa hannu na ɗauke dokin Kofi na jefa aljihu. Sannan na ja kwanon.